Ƙaho Da Ganga Masu Mulkin Lokaci

Masu tatsuniya sukan ƙago wani abin busa na sihiri, wanda in aka busa shi sai rana ta tsaya cak, ko kuwa jiya ta komo. Wannan dai ƙanzon kurege ne. Amma dattawan Godogodo, garin haƙar kuza da ke ƙasar Jama'a, da na sauran garuruwan kewayen Kafanchan, sun ga zamanin da ƙaho da ganga ke mulkin lokacin jama'a.

Dubi maƙwabtansu na Kagoro. Bikin Afan, wanda yanzu ake yi ran 1 ga Janairu, shi ne ke rufe kaka ya buɗe farauta. Da amon ƙahon maharba ya doki duwatsun nan, kowa ya san an gama da gona, saura daji.

A unguwannin Hausawa kuwa, waɗanda fatauci da aikin kuza suka kawo, mai gangar sahur ne agogon watan azumi. In ya makara, to, unguwa guda ta makara, uwargida ta hura wuta a gurguje, wani ma ya ɗauki azumi ciki wayam. Ashe ba ƙaramar amana ke rataye a kafaɗarsa ba.

Da Kafanchan ta zama mahaɗar jiragen ƙasa a 1927, sai usur ɗin jirgi ya yi wa ganga kishiya. Daga baya rediyo da lasifikar masallaci suka karɓe aikin, yau kuma wayar hannu ce ke ta da mutane, kowa shi kaɗai a ɗakinsa.