Kamarar Tsaron Shago: Ba Kai Kaɗai Ke Kallo Ba

Ɗan kasuwar Cirozerin da ya kafa kamarar tsaro a shagonsa, in ya tafi sari Agadas ko Kano, sai ya buɗe wayarsa ya ga kayansa da yaron shago, hankalinsa ya kwanta. To amma Alhaji, hanyar intanet da hoton ya biyo ya iske ka, wani ma na iya bin ta ya leƙa.

Da yawa daga cikin waɗannan kamarori suna fitowa daga kamfani da kalmar sirri iri ɗaya, kamar admin ko 12345, tamkar maƙerin da ya ƙera kwado dubu da mabuɗi guda. Mai haɗawa ya karɓi kuɗinsa ya yi gaba bai canza ta ba, mai shago kuwa bai ma san da ita ba.

Gano su ba wani aiki ba ne. Akwai salon tambaya da ake yi wa Google ya zaƙulo shafukan kamarorin da aka bari a buɗe. Akwai kuma Shodan, wanda John Matherly ya fito da shi a 2009, aikinsa lissafa na'urorin da ke jone da intanet, har da na masana'antu. A 2014 wani shafi mai suna Insecam ya baje hotunan kamarori sama da 73,000 kai tsaye, na shaguna da na cikin gidaje, masu su ba su da labari.

Abin ya taɓa iso mu nan Afirka ta Yamma. A 2016 wani Baturen Ingila, Daniel Kaye, ya tara dubban kamarori da na'urorin jama'a, ya yi amfani da su ya afka wa kamfanin waya na Lonestar a Laberiya, har intanet ɗin ƙasar ya samu tangarɗa. Kotun Landan ta ɗaure shi shekara 2 da wata 8 a 2019.

A ganina, abin tsoro a kasuwa ya fi wannan kusa: ɓarawo ya san lokacin da kake rufewa da inda kake aje ciniki. Hajiya mai kamara a tsakar gida kuwa, batun sutura ne.

Don haka mai haɗawa ya nuna maka inda ake canza kalmar, in ya tafi ka sake wata doguwa, ba lambar wayarka ba. In naɗi kawai kake so, a raba kamarar da intanet.