Ganvie, Garin da Ke Tsaye a Kan Tafki Yana Sayen Ruwan Sha

Hanyar da ta haɗa Dakoro da teku doguwa ce, domin matafiyi zai gangara zuwa babban titin Maraɗi, ya juya yamma ta Birnin Ƙonni da Dogon Dutsi da Doso, ya ƙetare kogin Isa a Gaya, sannan ya ratsa Jamhuriyar Benin daga Malanville zuwa Parakou har ya isa Kwatano, tafiyar da ta kusa kilomita 1,500. Fatake da dillalan dabbobi da direbobin manyan motoci na jihar Maraɗi sun yi shekaru da dama suna bin wannan hanya, kuma dab da shiga Kwatano duk sukan wuce ta garin Abomey-Calavi, amma kaɗan ne daga cikinsu suka taɓa ratsewa zuwa mashigar jiragen ruwa da ke gefen garin, inda ake ɗaukar ƴan yawon buɗe ido zuwa Ganvie. Ganvie gari ne na mutane fiye da dubu 20 da aka gina shi ɗungurungum a kan tafkin Nokoue, kuma ana lissafa shi cikin manyan garuruwan kan ruwa na Afirka. Tun bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 da takunkumin da ƙungiyar CEDEAO ta ƙaƙaba wa Nijar aka rufe gadar Gaya, ko da aka ɗage takunkumin a Fabrairun 2024 Nijar ba ta buɗe nata ɓangaren ba, lamarin da ya sa masu tafiya Kwatano suka koma biyan kuɗin fito, wasunsu a nan suka fara sanin zaman kwalekwale.

Gidajen Ganvie ba yawo suke yi a kan ruwa ba, saɓanin wasu ƙauyukan tafkin Tonle Sap na Kambodiya da ke bin ruwa idan ya cika ko ya janye, ko tsibiran ciyawa da ƙabilar Uros ke saƙawa a tafkin Titikaka na Kudancin Amurka. A nan ana kafa dirkoki ne a cikin laka, a shimfiɗa daɓen katako ko na gora a kansu sama da inda ruwa ke kaiwa, a tayar da bango, a rufe da jinka ko da kwano. Abin da ya sa hakan ya yiwu shi ne rashin zurfin tafkin, wanda a mafi yawan wurare bai wuce mita 1 zuwa 2 ba, ko da yake faɗinsa ya kai kimanin murabba'in kilomita 150 da rani, yana kuma ninkawa idan kogunan Oueme da So suka kawo ruwan damina daga arewa.

Mutanen garin ana kiransu Tofinu, kuma tarihin zamansu a kan ruwa tarihin gudun tsira ne. A ƙarni na 17 da na 18 yankin kudancin Benin ta yau ya kasance babbar kasuwar bayi, musamman bayan da Sarki Agaja na Dahomey ya ci Allada a 1724 ya kuma ci Ouidah a 1727, ya buɗe wa masarautarsa ƙofar ciniki kai tsaye da Turawa. Masu gudun farmakin kamun bayi sun shiga tafkin ne saboda, kamar yadda ake ba da labari, al'adar addinin Dahomey ta hana mayaƙanta bin abokan gaba cikin ruwa. Ƴan jagora sukan ƙawata wannan da labarin wani sarki da ya rikiɗa ya zama tsuntsu don ya gano wurin, da kadojin da suka ɗauko jama'arsa a bayansu, kuma baƙi na jin daɗin sauraron haka. Sai dai bayanin da ya fi shiga hankali shi ne rundunar da ta saba yaƙi a tudu ba ta da abin yi a cikin fadama da laka inda mai kwalekwale ya san kowace kafa. Mai karatu Bahaushe yana da alaƙa da wannan tarihi fiye da yadda zai zata, domin ta tashoshin wannan gaɓar teku, wato Ouidah da Porto-Novo da Ikko, aka fitar da Hausawa da dama zuwa Bahia ta Barazil a farkon ƙarni na 19, kuma sunansu ya fito a yunƙurin tawayen bayi na 1807 da kuma babban tawayen Musulmi na 1835 a birnin Salvador.

Ziyarar kanta tana da tsari guda da ba ya cika sauyawa. Baƙo zai yanki tikiti a ofishin mashiga, a haɗa shi da ɗan jagora mai jin Faransanci, wani lokaci da Ingilishi, sannan ya zaɓi jirgin inji mai rumfa wanda ke cin tazarar kimanin kilomita 8 cikin rabin awa, ko kwalekwalen da ake tuƙawa da filafili da doguwar sanda, wanda ke ɗaukar fiye da awa guda. Na biyun ya fi wahala, amma ya fi koyarwa, saboda ba shi da ƙarar da za ta kori tsuntsaye, ba ya kuma tayar da igiyar ruwan da ke jijjiga ƙananan kwalekwalen mata masu kai kifi kasuwa. A hanya ana cin karo da masunta a tsaye a bakin jirgi suna wurga birgi, wato tarun da ake jefawa ya buɗe kamar laima ya nitse da nauyin dalmar da ke gefensa, da kuma jiragen da ke tafiya da iska ta hanyar ɗaga tsummoki ko buhunan da aka ɗinke wuri guda.

Abin da ya fi cancantar a tsaya a kansa a wannan hanya shi ne shingayen rassan itace da ganyen kwakwa da suka mamaye sassan tafkin, waɗanda baƙo kan ɗauka ciyayi ne kawai. Sunansu akaja, kuma dabara ce ta kiwon kifi da mutanen yankin suka gada. Masunci yakan sayo rassa daga tudu, ya soke su a cikin laka a jere har su cike wani fili, sai gansakuka da ƙananan halittu su tsiro a jikinsu yayin da suke ruɓewa, kifaye irin su karfasa da tarwaɗa su samu abinci da maɓoya da wurin hayayyafa. Bayan watanni da dama, wani lokaci shekara, sai a kewaye filin da taru, a tsige rassan ɗaya bayan ɗaya, a matse tarun a kwashe kifin. Akaja mallakar mutum ne ko iyali, ana gadonsa, kuma abin da yake bayarwa ya ninka na buɗaɗɗen ruwa sau da yawa. Amma yana da tsada ta fuskoki uku: yana cin itatuwan dazuzzukan da ke kewaye, ruɓaɓɓun rassansa na ƙara cike tafkin da laka, sannan yana ƙuntata wa talakan masunci da ba shi da jarin kafa nasa, wanda yake ganin ruwan da dā na kowa ne ana yanka shi kashi-kashi. Wannan rikici na masu shinge da marasa shinge ba ya cikin abin da ɗan jagora ke son daɗewa a kai.

A cikin garin ana bi da baƙo ta manyan hanyoyin ruwa, a nuna masa kasuwar da mata ke ci daga kwalekwale zuwa kwalekwale, ana sayar da tumatir da barkono da garin rogo da itacen girki da burodi, a nuna masa masallaci da majami'u da makaranta da ɗakin shan magani, a ƙarshe a sauke shi a wani masauki mai shagon kayan tsaraba. Akwai ƴan tudun ƙasa da aka yi jigilar yashinsu da jirgi aka tara, a nan yara ke koyon tafiya da wasa, a nan kuma ake ɗaure ƴan dabbobi. Yaro ɗan shekara shida yana tuƙa jirginsa shi kaɗai zuwa aike ba abin kallo ba ne a wurin mutanen gari.

Duk da haka, abin da zai fi ɗaure wa mutumin Dakoro kai shi ne layin jiragen da ke cike da jarkoki da robobi a gaban famfo. Ruwan tafkin Nokoue zartsi ne a galibin shekara, domin tun 1885 aka haƙa mashigin da ya haɗa shi da teku a Kwatano, kuma bayan gina tashar jiragen ruwan birnin, wadda ta fara aiki a 1965, bakin mashigin ya riƙa zama a buɗe, gishiri ya ƙara shigowa, har wata tsutsa mai cin katako ta yi wa akaja da dirkokin gidaje ɓarna mai yawa. Ban da gishiri, bayan gidan yawancin iyalai kai tsaye yake zuba a cikin ruwan, ga kuma sharar Kwatano da Abomey-Calavi. Saboda haka ruwan sha daga rijiyoyin burtsatse yake fitowa, ana sayensa da kuɗi, mata da ƴan mata ne ke tuƙa jirgi su je su jira layi su ɗebo. Wanda ya san rijiyoyin kwarin Tarka, inda ake ɗaura wa raƙumi ko sa igiyar wasaki ya yi nisa kafin ruwa ya iso baki, zai gane cewa aikin guda ne, wahalar kuma a kan mutane iri ɗaya take faɗawa, illa dai a can jaki ne ke ɗaukar jarka a nan kuwa kwalekwale.

Damina na kawo sauƙi ta wani gefe da matsala ta wani. Idan kogunan suka cika, ruwan daɗi yakan rinjayi gishiri, amma a lokacin ne wata irin kainuwa mai shuɗin fure, wadda asalinta daga Kudancin Amurka ne, ke yaɗuwa ta toshe hanyoyi har jirgin inji ya kasa wucewa, sai gishiri ya dawo da rani ya kashe ta. A ambaliyar 2010, wadda ta shafi mafi yawan ƙasar Benin, gundumar So-Ava da Ganvie ke cikinta na daga wuraren da ruwa ya haura daɓen gidaje.

Batun ɗaukar hoto shi ne inda zaman baƙo da ɗan gari ya fi tsami. Mata da yawa sukan juya baya ko su rufe fuska da malafa idan suka ga an ɗaga kamara, wasu su yi faɗa, kuma suna da hujja, tunda jirgin baƙi yana wucewa ne ta ƙofar ɗakinsu suna wanka ko girki, kuɗin tikiti kuwa a mashiga aka biya shi, abin da ya rage ya tsaya a hannun masu jirage da ƴan jagora da masu shaguna kaɗan. Ɗan jagora na kirki yakan nemi izini da harshen mutanen kafin a ɗauki kowa, ya kuma hana baƙi wurga wa yara alewa ko kuɗi daga jirgi, al'adar da ta koya wa wasu yaran bin baƙi maimakon zuwa makaranta.

Tun 1996 Benin ta sa Ganvie cikin jerin wuraren da take fatan hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya, kuma gwamnatin Patrice Talon, wadda ta hau mulki a 2016, ta sanya garin cikin manyan ayyukanta na yawon buɗe ido, da tallafin hukumar raya ƙasashe ta Faransa, don gyara mashiga da gidaje da samar da ruwa da fitilu da tsafta. A Makoko ta Ikko kuwa, inda masunta ƴan ƙabilar Egun, dangin mutanen wannan gaɓa, suka yi irin wannan gini a kan dirkoki, gwamnatin jihar ta rushe wani ɓangare na unguwar a Yulin 2012 bayan wa'adin kwana uku; a can gidajen suna kallon gadar da ta fi kowace cunkoso a birnin, a bakin ruwan da masu gine-gine suka daɗe suna sa wa ido.