Albashi a Takarda, Albashi a Alat

Duk mai sallar Juma'a a Masallacin Sultan Bello ya san cewa bayan an sallame akwai wata huɗubar ta biyu wadda ba a hawa mumbari kafin a yi ta. Ana yin ta ne a wajen neman takalma, ko a bakin Titin Ali Akilu ana jiran abin hawa, ko a kan bencin mai shayi. Tun ƙarshen 2025 babin da aka fi buɗewa a wannan majalisa ta Unguwar Sarki shi ne haraji. Wannan ya ce rubu'in albashin kowa gwamnati za ta riƙa ɗaukewa. Wancan ya ce ko kuɗin cefane ka tura wa iyali sai an yanki kason hukuma. Na uku ya ce ai ƙaramin ma'aikaci ya huta, ba zai ƙara biyan ko sisi ba. Hujjar kowa saƙon murya ne da aka turo masa a WhatsApp.

Ruwa dai ba ya tsami banza. Shugaba Bola Tinubu ya sa hannu a kan dokokin haraji guda 4 ranar 26 ga Yuni, 2025, sabon lissafin harajin albashi kuma ya fara aiki ranar 1 ga Janairu, 2026. A nan Kaduna gwamnonin Arewa suka zauna a watan Oktoban 2024 suka ce ba su amince da ƙudirorin ba, ko da yake rigimarsu a kan rabon kuɗin VAT ce, ba a kan albashi ba. A Disamban 2025 kuma ɗan majalisar wakilai daga Sakkwato, Abdussamad Dasuki, ya miƙe a zaure ya ce dokar da aka buga ta sha bamban da wadda suka zartar. Mutumin da ya ji duk wannan, in ya yi zargi ban ga laifinsa ba. Sai dai albashi lissafi ne, kuma lissafin bai fi ƙarfin biro da bayan ambulan ba.

Maganar rubu'i ita ce ta fi yawo, ita ce kuma ta fi sauƙin rushewa. Harajin albashi, wanda ake rubutawa PAYE a takardar albashi, hawa-hawa ne kamar matakalar bene. Naira 800,000 na farko a shekara ba a taɓa su. Miliyan 2.2 da ke biye ana cire musu kashi 15 cikin 100. Miliyan 9 na gaba kashi 18, miliyan 13 na gaba kashi 21, miliyan 25 na gaba kashi 23. Kashi 25 ɗin da ake ta yayatawa ba ya hawa sai kan abin da ya haura miliyan 50 a shekara, wato mai ɗaukar sama da miliyan 4 a wata. Shi ma ba a kan dukan kuɗinsa ba. Wanda kuɗin da za a yi wa haraji ya kai miliyan 50 cif, abin da zai biya naira 10,430,000 ne, bai cika kashi 21 ba. Malamin makaranta ko ma'aikaciyar asibiti ba su ma hango wannan matakala ba.

Daga nan wata maganar ta samo asali, wadda na ji manyan mutane masu furfura suna faɗa da yaƙini: wai ƙarin girma asara ne, don yana jefa ka ajin haraji na sama, alat ɗinka ya ragu. Ƙanzon kurege ne. A ce kuɗinka mai haraji naira 2,900,000 ne, aka yi maka ƙarin 200,000 a shekara, ka tsallaka layin miliyan 3. Dubu 100 na farko za a cire musu dubu 15, dubu 100 na biyu dubu 18. An ɗauki 33,000, ka tsira da 167,000. Tsohon albashinka yana nan a ajinsa, ba abin da ya same shi. In ka ga alat ya ragu a watan da aka ƙara maka girma, duba layin bashi ko na ƙungiya. Ba PAYE ba ne.

To yaya ake gano abin da zai shigo asusu? Mu ɗauki ma'aikacin wani kamfani mai zaman kansa, albashinsa naira 150,000 a wata, 1,800,000 ke nan a shekara, yana haya a kan 400,000. Don sauƙi mu ƙaddara cewa dukan albashin ana cire masa fansho. Kashi 8 na fansho ya kama 144,000 a shekara, 12,000 a wata. Doka ta ba mai haya sassauci na kashi 20 na kuɗin hayarsa, a nan 80,000. Cire waɗannan biyun, saura 1,576,000. Cire 800,000 da ba a taɓawa, saura 776,000. Kashi 15 na wannan shi ne 116,400 a shekara, 9,700 a wata. Abin da zai ji a wayarsa: 150,000 ban da 12,000 ban da 9,700, wato naira 128,300. Harajin bai kai kashi 7 na albashinsa ba.

A tsohuwar doka wannan mutumin yana biyan kimanin 11,140 a wata. Ya samu sauƙin wajen naira 1,440 ke nan. In bai gabatar da maganar hayarsa ba, harajinsa 10,700 ne, sauƙin da ya samu kuma bai wuce naira 440 ba, kuɗin da ba zai sayi litar mai ɗaya ba. Masu cewa an yanka ma'aikaci sun yi ƙarya, masu cewa an yi masa gata mai girma su ma sun ƙara gishiri. Mai ɗaukar 500,000 a wata da hayar miliyan 1.5 ya fi jin bambancin: harajinsa ya sauko daga wajen 67,000 zuwa 60,800, alat ɗinsa 399,200 bayan fansho.

Batun hayar nan shi ne inda aka fi cakuɗa gaskiya da ƙarya, kuma shi ne ya fi shafar mutanen tsofaffin unguwanni irin tamu. An ce gwamnati za ta mayar wa kowane mai haya naira 500,000. Ba wanda za a tura wa kuɗi. Abin da doka ta ce shi ne a rage kashi 20 na hayarka daga kuɗin da za a yi wa haraji, kuma ragin ba zai wuce 500,000 ba komai tsadar gidan. Sai mai biyan hayar miliyan 2.5 zuwa sama ne zai kai wannan iyaka. Mutuminmu mai hayar 400,000, amfanin da ya samu naira 12,000 ne a shekara, dubu ɗaya a wata. Ba ya zuwa da kansa kuma: sai ka kai wa akantan wurin aikinku bayanin haya da shaidar biya. Nan ne gizo ke saƙar, don masu gidaje da dillalai da yawa a garin nan da baki suke karɓar kuɗi, in ka nemi rasit ma sai a yi maka kallon mai neman fitina.

Akwai kuma wata gaskiya da masu tallar dokar ba su cika ɗaga murya a kanta ba. A da akwai sassauci na bai-ɗaya, naira 200,000 da ƙarin kashi 20 na albashi, kowa yana samu, ko haya kake ko gidan gado. An soke shi. Wanda yake zaune a ɗakin da ya gina a gidan mahaifinsa, ko matar da mijinta ke biyan haya da sunansa, ba su da abin da za su gabatar a wannan layi. Ba lallai harajinsu ya ƙaru ba, tun da 800,000 na farko sun fita, amma abokin aikinsu mai haya zai fi su alat da ɗan wani abu ko da albashinsu ɗaya ne, kuma ba kuskuren akanta ba ne.

Mai mafi ƙarancin albashi fa? A nan jita-jitar ta faɗi gaskiya. Wanda ke ɗaukar naira 70,000 na tarayya ko ƙasa da haka doka ta yafe masa. Mai 72,000 da Gwamna Uba Sani ya ayyana wa ma'aikatan Kaduna a 2024, da zarar an cire fansho ya sauko bakin 800,000 a shekara. Haraji ko babu, ko abin da bai taka kara ya karya ba. Amma zancen cewa duk mai dubu 100 a wata ya kuɓuta, da sharaɗi. Miliyan 1.2 ne a shekara, sai abubuwan da doka ta yarda a cire sun kai 400,000 kafin ya sauko inda ba a biya. In fansho kawai ake cire masa, zai biya 3,800 a wata.

Tsoron taɓa kuɗin asusu kuwa ba shi da tushe. Ana yin haraji a kan abin da mutum ya samu ta aiki ko sana'a, ba a kan abin da ke kwance a banki ba, kuma kyauta ba ta cikin lissafi. Abin da ke akwai shi ne naira 50 a kan tura kuɗi daga 10,000 zuwa sama. Ba sabon abu ba ne. Canjin shi ne yanzu mai turawa ke biya maimakon mai karɓa, biyan albashi kuma ba ya ciki. PAYE ɗin ma'aikacin da ke zaune a Unguwar Sarki ma ba Abuja yake tafiya ba, hukumar tara kuɗin shiga ta jiha, KADIRS, ake biya, don jihar da mutum yake zaune ita ke da shi.

Fansho yana da nasa ruɗanin. Za ka ji ana cewa kashi 18 ake yanka. Dokar fansho ta 2014 ta ɗora kashi 8 a kan ma'aikaci, kashi 10 a kan mai ba da aiki, kuma wannan 10 ɗin daga aljihun kamfani yake fita, ba daga naka ba. Ma'aikatan jiha suna ƙarƙashin dokar fansho ta jihar, don haka su duba kason da ke rubuce a takardarsu. Haka kashi 1 na asusun diyyar rauni a wurin aiki, NSITF, da inshorar rai ta ma'aikata: nauyin mai ba da aiki ne, in ka gan su a layin cirewa ka tambaya. Asusun gidaje na NHF kashi 2.5 ne, tun 2023 kuma ya zama ganin dama ga ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu. Ba haraji ba ne, ajiya ce da ake iya karɓa bayan ritaya. Ga mai gudun riba, tun 2021 hukumar PenCom ta buɗe asusun fansho marar ruwa, Fund VI, ana iya neman komawa cikinsa.

Matasa masu karɓar takardar ɗaukar aiki su ma su yi hattara da adadin shekara da ake rubutawa a sama da manyan baƙaƙe. Sau da yawa an cusa kuɗin hutu, da kason fanshon kamfani, da alawus ɗin da sau ɗaya ake biya a shekara. Ka raba shi gida 12 ka yi wa mai gida alkawarin haya, watan farko za ka sha mamaki.

A ganina, abin da ya fi cin albashin yawancin mutane ba ya cikin duk wannan. Bashin banki ne, da na adashin ofis, da buhun shinkafar azumi da ragon layya da aka ɗauka a biya kaɗan-kaɗan, da kuɗin ƙungiyar ƙwadago. Ba ɗaya daga cikinsu da ke rage haraji. Bayan an gama lissafin PAYE ake cire su. Mutuminmu mai 128,300, in yana biyan bashin 35,000 da adashin 10,000, alat ɗinsa 83,300 ne. Zai ce gwamnati ta cinye kusan rabin albashinsa, alhali rabonta 9,700 ne. Dokar Ƙwadago ta ce abin da mai ba da aiki zai cire a wata kada ya wuce sulusin albashi, amma bashin da banki ke zara kai tsaye bayan kuɗi sun shiga asusu ba ya bi ta hannun akanta.

Zargi ɗaya ne nake ganin ya kamata a riƙe da kyau, shi ne na cirewa ba a kai ba. Doka ta ba mai ba da aiki zuwa 10 ga wata mai bi ya kai PAYE, da kwana 7 na aiki bayan biyan albashi ya kai fansho. Akwai wuraren da suke cirewa a takarda su riƙe a aljihu, ma'aikaci ba zai sani ba sai ranar da ya nemi takardar shaidar biyan haraji, ko ya zo ritaya. Ka nemi bayanin asusunka daga kamfanin fanshonka, ka ajiye shi gefen takardun albashinka na wata 3 da suka wuce. Ga mai 150,000, kowane wata ya kamata ka ga 27,000 sun shiga: 12,000 naka, 15,000 na kamfani.