Takin Gida da Ƙarfin Ƙasa a Gonakin Kaikai

Noman da ba a zuba masa takin zamani ko maganin feshi daɗaɗɗen abu ne a Kaikai ta ƙaramar hukumar Kusada da ƙauyukan Kankia. Yawancin ƙasar yankin jigawa ce mai rairayi, damina kuma gajera, daga wajen Yuni zuwa Satumba. Irin wannan ƙasa ba ta riƙe ruwa ko taki, sai an ciyar da ita duk shekara kafin ta ba da gero da dawa.

Abincin nata daga gida yake fitowa. Bayan kaka ana kwashe harawar wake da ta gyaɗa a ciyar da awaki da tumaki a turke. Kashinsu da tokar murhu da sharar tsakar gida suna taruwa a juji, kafin ruwa ya sauka a ɗebe su a mangala ko amalanke a jibge tsibi-tsibi a gona. A da Fulani kan sauka da shanu a gonar da aka girbe, su ci kara su bar taki, amma satar shanu da rashin yarda sun raunana wannan hulɗa, kuma babbar asara ce ga ƙasa. Michael Mortimore, wanda ya koyar a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya tun shekarun 1960, ya nuna cewa da tsarin takin gida manoman kewayen Kano suke shuka gona guda duk shekara ba tare da ta mutu ba.

Haɗa shuka ma taki ne. Saiwar wake da ta gyaɗa tana ɗauke da ƙwayoyin halitta masu janyo naitirojin daga iska su bar shi a ƙasa. Gawo kuwa yana kaɗe ganyensa da damina, don haka ba ya tare wa shuka rana, ganyen ya ruɓe a gindinsa, 'ya'yansa dabbobi su ci da rani. A Maraɗi, tun 1983 Tony Rinaudo da manoma suka yaɗa dabarar barin tohon kututture ya girma maimakon a sassabe shi, abin da ya mayar da itatuwa a miliyoyin kadada a Nijar. Dabarar ba ta cin kuɗi, sai lura da haƙuri.

Wajen ƙwari, ana jiƙa dakakkun 'ya'yan darbejiya a fesa ruwan. Ajiyar wake ta fi haɗari, domin masu zuba masa guba a buhu sun jawo Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen waken Nijeriya a 2015. Buhun PICS mai ruɓi uku, wanda Jami'ar Purdue ta Amurka ta ƙirƙiro, yana toshe iska har ƙwarin su mutu ba da magani ba.

Matsalar takin gida ita ce ƙaranci. Mai awaki kaɗan ba zai wadatar da gona babba ba, shi ya sa gonakin bakin gari suka fi na nesa kyau, wuta-wuta kuma ta fi addabar waɗanda suka gaji. Kara ma yana da masu nema, ga danga ga wutar girki. Ƙasar kuma tana da ƙarancin fosfaras, wanda kashin dabba kaɗan ba ya cikewa, don haka masana da yawa ke ba da shawarar a haɗa shi da ɗan takin zamani, musamman tunda farashinsa ya yi tashin gwauron zabo daga 2022. Mai son barin na zamanin gaba ɗaya sai ya ƙara dabbobi, ya kuma ruɓar da takin a rami yana yayyafa ruwa yana juyawa, domin ɗanyen taki yana kawo irin ciyawa, wani lokaci har ya ƙone shuka.