Kuɗin da Ba a Gani: Daga Dutsen Yap Zuwa Rumfunan MoMo na Kalpohin

Duk wanda ya ratsa unguwar Kalpohin a birnin Tamale zai ga rumfunan masu MoMo, wato tura kuɗi ta waya, jere a bakin titi. Mace ta sayar da doya ko man kaɗanya, mai saye ya danna waya, saƙo ya shigo, ciniki ya faɗa. Ba a ƙirga takarda ba, ba a ji ƙarar sulalla ba. Abin da ya sauya hannu bayani ne kawai: kamfani ya shaida cewa sidi hamsin da ke sunan wane yanzu suna sunan wance. Tun 2009 da MTN ya kawo wannan tsari Ghana, jama'a suka saba da shi har ba sa tambayar abin da ke riƙe da darajar kuɗin. Amsar ita ce labari, wato zancen da kowa ya yarda da shi.

Misali mafi ban mamaki yana tsibirin Yap, can cikin Tekun Fasifik. Kuɗin mutanen Yap na gargajiya manyan duwatsu ne masu kamar faifai da huda a tsakiya, ana sassaƙo su a tsibiran Palau, tafiyar kimanin kilomita 400 a kwalekwale. Wasu sun fi mutum tsayi, saboda haka idan an biya sadaki ko diyya da dutse, ba a ɗaga shi daga inda yake. Sai dai a sanar a gaban jama'a cewa ya koma hannun wane. Darajarsa kuma tana bin tarihinsa: wa ya sassaƙo shi, wace wahala aka sha, ko an rasa rai a hanya.

William Furness, Ba'amurken da ya zauna a Yap a 1903, ya ba da labarin wani gida da kowa ya yarda da arzikinsa, alhali dutsensu yana ƙarƙashin teku. Guguwa ce ta nutsar da shi a hanyar dawowa, matuƙa suka shaida girmansa da kyansa, gari ya amince, aka ci gaba da lissafi da shi. Hausawa na cewa gani ya kori ji, amma a Yap ji ne ya tsaya a madadin gani.

Mutumin Dagbon, ƙasar da Tamale take ciki, ba zai yi mamakin wannan ba. A nan ma akwai masu riƙon tarihi da ka, wato makaɗan kalangu da ake kira lunsi, waɗanda ke danganta asalinsu ga Bizung, ɗan Naa Nyagsi. A daren jajiberin salla sukan zauna ƙofar fada su jero sarakuna da zuriyarsu har kusan asuba, kuma abin da suka faɗa yana da nauyi wajen sanin wanda ya gaji sarauta. Ana yarda da su ne don sun shafe shekaru suna koyo, suna kuma faɗa a bainar jama'a, inda dattawa za su kama kuskure. Sharaɗin ke nan ga kowane lissafin da ake so ya ɗore: shaidu da yawa, da wahalar yin ƙari.

Tarihin wuri ya nuna abin da ke faruwa idan sharaɗi na biyu ya karye. A da, fataken Kano da Katsina da ke zuwa Salga a ƙasar Gwanja sayen goro da wuri suke lissafi, wurin da asalinsa tsibiran Maldibis ne a Tekun Indiya. Nisa da wahalar dako ne suka tsare masa daraja. Lokacin da Heinrich Barth ya isa Kano a 1851, ya tarar wuri 2,500 ne ke sayen dalar azurfa guda. A tsakiyar wancan ƙarnin ne 'yan kasuwar Hambog na Jamus suka shiga jibgo wani wurin mai araha daga gaɓar Zanzibar. Wuri ya yi yawa, darajarsa ta zube, har ta kai kuɗin dakonsa na neman cinye shi a tafiya mai nisa. A Yap ma haka: da wani matuƙin jirgi, David O'Keefe, ya sauƙaƙa kawo duwatsu da jirgin ruwa da kayan ƙarfe, sai mutane suka ƙi ba sababbin darajar tsofaffin.

Kuɗin takarda bai fita daga wannan doka ba. Tun 15 ga Agusta, 1971, da Shugaba Nixon ya raba dalar Amurka da zinariya, abin da ke bayan kuɗin duniya shi ne doka, da haraji, da amanar babban banki. A Ghana, sidi ya maye gurbin fam a 1965. Hauhawar farashi ta ci shi har a Yulin 2007 aka share sifiri huɗu, tsohon sidi 10,000 ya koma sabo guda. A Disambar 2022 kuma hauhawar ta haura kashi 54 cikin ɗari, magidanta suka ji a kwanon abinci.

Haɗarin shi ne, tunda kuɗi amana ne, mai daɗin baki na iya ƙirƙiro nasa labarin. Kamfanin Menzgold ya yi alƙawarin ribar kashi 7 zuwa 10 cikin ɗari kowane wata da sunan cinikin zinariya. A Satumbar 2018 hukumar kula da hannayen jari ta dakatar da shi, dubban mutane suka rasa inda za su karɓi kuɗinsu. A nan bakin mutum ɗaya ne ke ba da labarin, littafin lissafi kuma a rufe.

Don haka, ya kai mai karatu, kafin ka miƙa guminka ga wani asusu ko wani sabon kuɗin intanet, yi tambaya uku: wa ke riƙe da lissafin, wa ke binciken mai riƙon, kuma daga wace sana'a ribar ke fitowa? Duba ko yana da lasisin Babban Bankin Ghana ko na hukumar hannayen jari. In amsa ta gagara, riƙe abinka, domin kwaɗayi mabuɗin wahala ne.