Orlando Martins da Rabon Magana a Majigin Ingila

A kowane wasan majigi akwai manyan 'yan wasa waɗanda ake rubuta sunansu da manyan baƙaƙe a ƙofar sinima, akwai kuma masu rufa musu baya, watau waɗanda ke fitowa a matsayin bara, ko dogari, ko mai sayar da abin sha. Abin da wannan takarda ke nufin nunawa shi ne, ana iya gane darajar da aka ba mai rufa baya ta wajen auna yawan maganar da aka sa a bakinsa, da irin harshen da aka ce ya yi ta da shi. Za mu ɗauki misali da Orlando Martins, Bayarabe, wanda aka haifa a Ikko cikin 1899.

Martins ya tafi Ingila cikin 1917, ya yi aikin jirgin ruwa, ya yi kokawa don neman abinci, kafin ya sami shiga wasan kwaikwayo. Cikin 1935 ya fito a Sanders of the River tare da Paul Robeson, baƙar fata mutumin Amurka. Wannan wasa kuwa yabon mulkin mallaka ne tsantsa, har Robeson kansa ya yi tir da shi daga baya. Cikin 1946 aka ba Martins matsayin boka mai suna Magole a Men of Two Worlds, labarin wani ƙauye a Tanganyika, watau Tanzaniya ta yau, inda hukuma ke son ta tashi mutane saboda ƙudan tsando da ciwon barci, boka kuwa ya ƙi. Cikin 1955, a Simba, ya zama mai gari a Kenya zamanin tawayen Mau Mau. Mai karatu zai lura mutum ɗaya ne, ɗan Ikko, aka yi ta yawo da shi daga wannan kusurwa ta Afirka zuwa waccan, alhali kuwa Yarabanci da harsunan Bantu na gabas ba sa jin juna ko kaɗan. Ga masu shirya wasan, baƙar fata duk yare ɗaya ne.

Inda ya kamata mu daɗe shi ne The Hasty Heart, na 1949, wanda Vincent Sherman ya shirya. Labarin asibitin soja ne a Bama, ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Richard Todd ne ya fito a matsayin wani soja ɗan Sikotlan mai taurin kai, wanda ajalinsa ya kusa shi bai sani ba. Ronald Reagan, wanda ya zama shugaban Amurka cikin 1981, shi ne Ba'amurken ɗakin. Martins ya fito a matsayin soja daga ƙasar Basuto, Lesoto ta yanzu, wanda ba ya jin Turanci. Abokan jinyarsa suka laƙaba masa suna Blossom, ma'anarsa fure, wannan kalma kuwa ita ce kusan iyakar abin da ke fita bakinsa tun daga farko har ƙarshe.

To, a nan ne sha'anin ya shafi masanin harshe. Kalma ɗaya ba ta da jimla da za ta jingina gare ta, saboda haka dukan ma'ana sai ta koma kan murya, da fuska, da lokacin da aka furta ta. Mu da muke koyar da Hausa mun saba rarrabe karin sauti, wanda ke bambanta kalma da kalma, da rausayar murya, wadda ke bambanta tambaya da amsa ko roƙo da umurni. Da ta biyun Martins ya yi aiki, yana da kuwa murya mai kauri wadda ta dace da haka. Wurin da ya fi taɓa zuciya a wasan ma babu magana cikinsa: Blossom ya miƙa wa ɗan Sikotlan ɗin dutsen wuyansa kyauta, shi kuwa cikin fushi ya ƙi. A ganina malamin kwalejin horon malamai da ke neman misalin yadda ma'ana ke tafiya ba tare da nahawu ba, da wuya ya sami wanda ya fi wannan.

Amma fa kada gwanintar ɗan wasa ta rufe mana ido ga abin da marubuci ya yi. Sojan Afirka a Bama ba bebe ba ne. Runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma sun yi yaƙi can, da yawa daga cikinsu kuwa da Hausa suke magana, harshen da tun dā hafsoshin Turawa na rundunar Nijeriya ke koyo don su iya ba da umurni. Shirun Blossom zaɓin mai alƙalami ne, wanda ya ga ya fi sauƙi ya nuna kirkin baƙar fata da ya nuna tunaninsa.

Martins ya koma Ikko cikin 1959, shekarar da ya fito a Sapphire a matsayin mai sayar da abin sha a wani gidan rawa na Landan. Bayan komawarsa ya ci gaba da fitowa jefi-jefi, har cikin 1970 ya shiga Kongi's Harvest, wanda aka ɗauka a Nijeriya daga wasan da Wole Soyinka ya rubuta. Ya rasu a Ikko cikin 1985.