Ƙahon Nijar: dutsen Damargu mai shaidar tsohon teku

A ƙasar Damargu, kewayen Tanut, wajen kilomita 150 arewa da Damagaram, makiyayi kan yi tuntuɓe da wani dutse nannaɗaɗɗe kamar ƙahon rago. Masana ilimin ƙasa suna kiransa amonit. Ɓawon wata dabbar teku ce wadda zuriyarta ta ƙare ƙaƙaf shekaru miliyan 66 da suka shige. Sunan kuwa ya samo asali daga Amon, abin bautar Misirawan dā, wanda ake zana shi da ƙahonin rago.

Tun shekara ta 1909 wani masani Bafaranshe, René Chudeau, ya wallafa bayani a kan amonit na Damargu. A 1943 ɗan ƙasarsu Daniel Schneegans ya sake nazarin duwatsun yankin, ya ware wasu daga cikinsu ya mai da su jinsi na dabam, ya raɗa masa suna Nigericeras. Sunan ƙasarmu ne aka haɗa da kalmar Girkanci mai nufin ƙaho, wato "ƙahon Nijar". Wannan dabba ta rayu wajen shekaru miliyan 94 da suka wuce, a zamanin da masana ke kira Kiretase.

Yaya ake gane shi? Ɓawon nannaɗe yake a shimfiɗe kamar faifai, da rami a tsakiya wanda ake kira cibiya. Cikinsa rarrabe yake ɗaki-ɗaki. Dabbar tana zaune a ɗakin ƙarshe, sauran kuma wani siririn bututu ya ratsa su, wanda da shi take rage ruwan da ke ciki don kada ta nutse. Inda bangon kowane ɗaki ya gamu da ɓawon waje akwai wani layi mai lanƙwashe-lanƙwashe kamar ɗinkin ƙwarya. Masana suna duba wannan ɗinki kamar yadda dattawa ke duba tsagar fuska su faɗi asalin mutum. Ɗinkin Nigericeras ba shi da sarƙaƙiya da yawa.

Babbar alamarsa ita ce sauyin kama tsakanin ƙuruciya da girma. Zagayen ciki, wanda dabbar ta gina tana ƙarama, yana da haƙarƙari da jerin ƙuraje bakwai: uku-uku a kowane gefe, ɗaya a tsakiyar gadon baya. Da ta girma sai adon ya dushe, zagayen waje ya zama sumul. Nan ne gardama ta taso wajen rarrabewa. Masu kallon ƙuruciyarsa sun sanya shi cikin dangin Acanthoceratidae, masu ƙuraje. Masu kallon girmansa sun kai shi dangin Vascoceratidae, masu sulɓin jiki, waɗanda su ma suna da yawa a Damargu. Kamanninsa ya tsaya a kan iyakar gidajen biyu.

Amfanin wannan rarrabewa ya wuce gardamar malamai. Kowane jinsin amonit ɗan lokaci ya yi a duniya kafin wani ya gaje shi, saboda haka inda duk aka same shi yana faɗin shekarun shimfiɗar dutsen da yake ciki. Da irin wannan shaida ake tsara taswirar ƙarƙashin ƙasa, wadda masu neman ruwa da man fetur ke aiki da ita. An kuma sami Nigericeras a Aljeriya da arewa maso gabashin Najeriya, har da Amurka. Wannan na cikin hujjojin da ke nuna wani reshen teku ya taɓa ratsa Sahara, ya bi ta Damargu ya nufi kwarin Binuwai. A 1992 Christian Meister da abokan aikinsa sun wallafa nazari na musamman a kan amonit na Nijar da malalar wannan teku.

Sai dai shaidar tana da sharaɗi. Dutsen da aka ɗauke ba tare da an rubuta wuri da shimfiɗar da ya fito ba, ya zama kamar takardar bashi da aka yage sa hannunta: ana iya yin ado da shi, ba a iya kafa hujja da shi. Wanda ya sayar wa baƙo amonit a kan ƴan daloli ya rabu da abin da ba a sake yin irinsa. Tun 1997 Nijar tana da dokar kare kayan tarihi na ƙasa, akwai kuma gidan tarihi na Bubu Hama da Jami'ar Abdu Mumuni a Yamai, inda ya kamata irin waɗannan duwatsu su dosa. Ya rage ga fatake su daina ɗaukarsu a matsayin haja, ma'aikatan duwan kuma su koyi gane su idan sun buɗe kaya a bakin iyaka.